Daga Hadarin Gabas zuwa Shafin Kundi

Duk wanda ya girma a ƙasar Daura ya san inda ake duban hadari. Gabas ake kallo, wajen Zango da Ɓaure. Sama ta yi baƙi ƙirin, iska ta taso da ƙura da tarkace, mata su kwashe shanya, yara su kora awaki gida, sannan ruwa ya kece. Wani lokaci iskar da ke gaba ta fi ruwan da ke baya ɓarna, musamman a farkon damina: ta yaye kwanon rufi, ta karya darbejiya, ta kwantar da turakun lantarki. Cikin sa'a ɗaya ko biyu komai ya wuce, ya nufi yamma.

Shi hadarin kansa ba ya daɗewa a duniya, amma abin da ya goyo shi yana da nisan kwana. A lokacin damina, bambancin da ke tsakanin zafin hamadar Sahara da sanyin iskar da ke tasowa daga gaɓar tekun kudu yana haifar da wata iska mai ƙarfi da ke kaɗawa daga gabas zuwa yamma, kimanin kilomita 3 zuwa 4 a sama. Wannan iska ba ta tafiya samɓal, lanƙwasa take yi, kuma kowace lanƙwasa tana tara gajimare. Duk bayan kwana 3 zuwa 5 sai wata ta taso daga wajen Sudan da tsaunukan Habasha, ta ratsa Cadi, ta bi ta saman ƙasar Hausa, ta wuce Mali, ta fita Tekun Atlantika ta wajen Senegal. Yawancinsu a can suke watsewa. Amma idan ɗaya ta tarar da ruwan teku mai ɗumin da ya kai digiri 26 ko fiye, kuma iskar sama ba ta yayyaga ta ba, sai ta fara juyawa, tana shan tururi tana ƙiba. Ranar da gudunta ya kai kilomita 119 a sa'a, ta zama mahaukaciyar guguwar teku, irin wadda muke ji a labarai ta auka wa Amurka. Mafi yawan manyan guguwowin Atlantika ta haka suke samo asali. Irma, wadda ta ragargaza tsibiran Karebiyan da jihar Florida a watan Satumba na 2017, daga gaɓar Afirka ta Yamma ta fito a ƙarshen Agusta. Wannan alaƙa tsakanin hadarin Afirka da guguwar teku ce ta sa tun a 2006 masana suka girke na'urorin bibiyar hadari a Yamai, hukumar NASA kuma ta ajiye jirginta na bincike a tsibiran Cape Verde.

To, idan irin wannan guguwa ta yi ɓarna, wa ke rubuta labarinta da zai zauna? Jarida ta yau ce, gobe an ƙunsa ƙosai da ita. Wanda ya nemi bayani bayan shekara goma, galibi kan kundin Wikipedia zai faɗa. An buɗe wannan kundi ranar 15 ga Janairun 2001, kuma ba shi da ma'aikatan rubutu. 'Yan sa-kai ne ke cika shi, kowa daga inda yake, yawancinsu ba su taɓa ganin juna ba. Yadda suke haɗuwa su fitar da muƙala guda a kan guguwa abin lura ne, domin a nan ake ganin yadda ake tace labari tun yana da zafi.

Yadda muƙala ke tasowa

Tun guguwa tana teku ake fara rubutun. Cibiyar Lura da Guguwa ta Amurka, wadda ke Miami, tana fitar da sanarwa duk bayan sa'a 6: ga inda guguwar take, ga gudunta, ga inda ta dosa. Sunan da za a kira ta da shi ma an riga an tanada, domin Hukumar Yanayi ta Duniya tana da jerin sunaye shida da ake juyawa, kowanne ya dawo bayan shekara shida, sai dai sunan guguwar da ta yi mummunar ɓarna akan yi masa ritaya. Wani ɗan sa-kai zai buɗe shafi da layi uku ko huɗu. Kafin gari ya waye wasu sun shigo: wannan ya sa taswira, wancan ya kawo labarin rufe makarantu, wani kuma aikinsa kawai share shirmen da masu wasa ke zubawa. Idan ɓarnar masu wasa ta yi yawa, sai mai gudanarwa ya kulle shafin, ya zama sai tsofaffin hannu ke iya taɓa shi.

Kowane shafi yana da abokan tafiya biyu da mai karatu bai cika dubawa ba. Na farko shi ne tarihin gyara, inda aka adana kowane canji da sunan wanda ya yi shi da lokacin da ya yi, ko da waƙafi ya matsar. Na biyu shafin tattaunawa, nan ake cacar baki. Ƙa'idojin da ake kafa hujja da su kuwa ba su da yawa: kada ka ɗauki ɓangare, kada ka kawo binciken kanka, kuma duk abin da ka rubuta ka nuna inda aka buga shi. Ɗalibin da ya zauna gaban malamin hadisi ba zai ga baƙon abu a nan ba. Magana, komai daɗinta, sai an tambayi isnadinta, kuma ba duk mai ruwaya ake karɓa ba. Mutum zai rubuta cewa gidaje dubu sun rushe, wani ya maƙala masa alamar “ana buƙatar hujja”, ya bar masa saƙo: Malam, a ina ka samo wannan adadi? Idan amsar ita ce a WhatsApp aka turo, an gama magana, za a cire.

Adadi ba ya zama wuri ɗaya

Inda aka fi kai ruwa rana shi ne alƙaluma, kuma guguwar Katrina ce babban misali. Ta sauka a jihar Louisiana ranar 29 ga Agustan 2005, shingayen da ke tare ruwa suka ɓalle, kusan kashi 80 cikin 100 na birnin New Orleans ya nutse. A ranar, an sanar da cewa tana mataki na 4 a mizanin Saffir-Simpson, wanda ke da matakai biyar. A watan Disamba, da masana suka zauna suka sake duba abin da na'urori suka auna, sai suka ce a'a, a mataki na 3 ta sauka. Dole editoci suka bi shafuka suna gyarawa. Yawan mamata kuma shekara da shekaru ana cewa 1,833 ne, har zuwa Janairun 2023, lokacin da cibiyar ta Miami ta sake bitar bayanan ta mayar da shi 1,392. Shekara 17 da wani abu bayan aukuwar lamarin, adadin yana motsi. Guguwar Andrew ta 1992 kuwa sama aka yi da ita: bayan shekara goma aka ɗaga ta daga mataki na 4 zuwa na 5.

Na guguwar Maria ya fi wannan zafi, don siyasa ta shiga ciki. Ta auka wa tsibirin Puerto Rico ranar 20 ga Satumban 2017. Gwamnatin tsibirin ta tsaya a kan cewa mutum 64 suka rasu. A watan Mayun 2018 wani bincike da masana na jami'ar Harvard suka jagoranta ya ƙiyasta 4,645. A ƙarshen Agusta jami'ar George Washington, wadda gwamnatin ce da kanta ta ba ta aikin, ta fito da 2,975, gwamna Ricardo Rosselló ya karɓa, shugaba Donald Trump kuma ya fito fili ya ƙaryata. Me ya kawo wannan rata? Ba ƙidaya ɗaya ake yi ba. Masu 64 sun fi mayar da hankali ga wanda ruwa ya ci ko gini ya danne. Sauran sun haɗa da mai ciwon ƙoda da ya rasa wankin ƙoda saboda babu lantarki wata da watanni, da tsohuwar da hanyar asibiti ta yanke mata. Edita nagari ba ya zaɓen wanda ya yi masa daɗi. Zai sa adadin da hukuma ta amince da shi a ƙarshe, ya faɗi wanda aka fara bayarwa, ya bayyana yadda kowanne ya samu. A ganina wannan ne aikin da kundin ya fi jarida iyawa, domin jarida ba ta cika komawa kan labarin bara ta gyara ba.

Kada dai a zaci taron jama'a ba ya kuskure. Lokacin guguwar Sandy a 2012, mujallar Popular Science ta ba da labarin cewa mutumin da ya fi kowa yawan gyara a shafin guguwar yana ta goge duk wata magana da ta danganta ta da sauyin yanayi. Mutum guda mai naci da isasshen lokaci yana iya riƙe shafi na ɗan wani lokaci. Abin da ya karya shi bai wuce wasu editoci da suka zo da rahotannin masana suka dage ba, har batun ya samu gurbi a muƙalar.

Bayan ƙura ta lafa sai bita. Wanda ke ganin muƙala ta nuna zai miƙa ta, wani da bai sa hannu a rubutunta ba ya karanta ta daga farko har ƙarshe, ya buɗe madogarai ya gani ko sun faɗi abin da aka jingina musu, ya jero gyare-gyare. Idan ta tsallake, ta shiga sahun muƙaloli masu kyau. Matakin da ke sama da wannan, wanda ake ba tauraro, sai mutane da yawa sun taru a kai, kuma ana iya ƙwace tauraron da aka ba muƙala idan ta tsufa ba a kula da ita ba.

Namu na gida

Guguwar teku ba ta zuwa Daura, amma iska da ambaliya suna zuwa, kuma matsalar adadi iri ɗaya ce. A daren 15 ga Yulin 2018 ruwa kamar da bakin ƙwarya ya sauka a Jibiya, cikin jihar Katsina, kogi ya cika ya shiga gidaje mutane suna barci. Rahotannin farko suka ce mamata sun haura 40, adadin ya ci gaba da hawa yayin da ake gano gawarwaki, wasu ma ruwa ya ja su zuwa cikin Jamhuriyar Nijar. Mai rubuta muƙala a kan wannan dare zai tarar da jaridu uku da adadi uku, kowacce da ranarta. Kuma wanda amai da gudawa ya kashe bayan ambaliya, a wane lissafi yake? Jibiya ma ta yi sa'ar samun 'yan jarida saboda girman abin. Iskar da ta yaye rufin ajujuwa a wani ƙauyen Sandamu ko Mai'aduwa, sau da yawa iyakarta jaje a masallaci da hotuna a Facebook.

Nan ne ƙa'idar kundin ke cizon mu. Ƙasar Daura ba ta rasa masu riƙe tarihi ba. Garin da ke da rijiyar Kusugu da jerin sarakuna tun daga zamanin magajiyoyi ba za a koya masa adana labari ba, kuma dattijai har yau suna lissafin shekaru da babban ruwa ko babbar yunwa. Sai dai kundin ba ya karɓar “na ji daga bakin kakana”, ko da kakan ya fi ɗan jaridar gaskiya. Labarin Bayajida kansa yana shiga ne ta hannun abin da aka buga, kamar rubuce-rubucen H. R. Palmer na 1928 da littafin M. G. Smith na 1978 a kan sarautar Daura. Akwai rashin adalci a cikin wannan, don wanda ya fi injin ɗab'i shi ya fi yawan shafuka. Amma sassauta ƙa'idar ba zai amfane mu ba. Ƙofar da aka buɗe wa dattijo mai gaskiya, ta nan mai ƙarya zai bi. Marigayi Dokta Yusufu Bala Usman, wanda wata kwaleji a Daura ke ɗauke da sunansa, ya sha nanata wa ɗalibansa a Zariya cewa kowace majiya, ta baka ko ta takarda, ta Bature ko ta ɗan ƙasa, sai an bincike ta kafin a dogara da ita.

Wikipedia ta Hausa tana girma, kuma kaso mai yawa na muƙalolinta fassara ce daga Turanci. Fassara tana da amfani, amma tana da tarko: shafin da aka fassara ba ya bin na asali idan an gyara. Wanda ya juya muƙalar Katrina kafin 2023 ya ɗauko tsohon adadi, kuma yana nan zaune har sai wani ya lura. Gyara tsohon shafi ba shi da armashi kamar buɗe sabo, shi ya sa masu yin sa suka yi kaɗan.

Kayan aikin kuwa akwai su. Hukumar NiMet tana fitar da hasashen damina kowace shekara, NEMA da hukumar agajin gaggawa ta jiha suna ƙidaya gidaje da gonakin da suka lalace, gidajen rediyo irin su BBC Hausa da DW da RFI suna ajiye rahotanninsu a intanet da kwanan wata. A ƙasa kuma, duk lokacin da iska ta yi ɓarna, mai unguwa yana kai wa dagaci, dagaci ya kai wa hakimi, hakimi ya rubuta wa fada da ƙaramar hukuma. Waɗannan takardu sun fi kowace jarida kusanci da abin da ya faru, har da sunan unguwa da yawan ɗakunan da suka faɗi. Muddin suna cikin fayil a kabad, edita ba shi da ikon kafa hujja da su. Sai ranar da ɗan jarida ya buga su, ko malamin jami'a ya yi nazari a kansu a mujalla, ko hukumar ta ɗora su a shafinta, sannan iskar Sandamu za ta iya samun layinta a kundi.