Takardar haihuwa da ƙofar lakwal

Dokar tsarin ilimi ta LOSEN ta 1998 ta ce ilimi haƙƙin kowane ɗan Nijar ne, amma a unguwa irin Kalley a Yamai, ɗan mai tallar kayan miya kan maƙale saboda rashin takardar haihuwa. Idan wa'adin rajista ya wuce, sai alƙali ya yanke hukunci kafin takardar ta fito, talaka kuwa shi ke shan wannan zirga-zirga. Za a ce dole makaranta ta san shekarun yaro. Gaskiya ne, amma a karɓe shi aji tukuna, takarda ta biyo baya kafin jarrabawa. Haƙƙin ilimi ba na fatar baki ba ne: a 2010, a ƙarar da ƙungiyar SERAP ta kai gwamnatin Najeriya, kotun CEDEAO ta tabbatar ilimi haƙƙi ne da ake nema gaban shari'a. Iyaye, ku yanki takardar tun yaro na goye.