Ɗora Muryar Hausa a Finafinan Katun

A Mubi, can arewacin jihar Adamawa kusa da iyakar Kamaru, yaro kan tashi da Gude ko Fali ko Nzanyi ko Fulatanci a gida, amma da zarar ya fita wasa ko an aike shi kasuwa, Hausa ce ke haɗa shi da sauran yara. Sai dai katun ɗin da masu turi ke zuba wa iyayensa a waya yawanci Turanci yake yi. Za ka ga yara sun yi cincirindo a kan waya ɗaya suna dariyar guje-guje da faɗuwa, alhali labarin da darasinsa sun wuce su. Rubuta fassara a ƙasan hoto ba ya amfanar ɗan shekara biyar da bai iya karatu ba. Maganin kawai shi ne a cire muryar asali a ɗora wadda yake ji.

Indonesiya, ƙasa mai harsuna fiye da 700, ta daɗe da gane haka. Tashar RCTI ta shafe sama da shekaru 30 tana nuna katun ɗin Japan mai suna Doraemon da harshen da ya haɗa ƙasar, har yaran tsibirai daban-daban suka tashi da labari guda. Mu ma a Afirka muna da gwanaye: kamfanin Algaita na Kano ya tabbatar da cewa fim ɗin Indiya mai muryar Hausa yana da kasuwa, cibiyar Ubongo ta Tanzaniya kuma ta mayar da shirinta Akili and Me zuwa Hausa. Aikin yana son natsuwa. Dole mai fassara ya auna tsawon jimla da motsin bakin zanen, ya sauya barkwancin da ba zai ba yaronmu dariya ba, ya kuma zaɓi Hausar da ɗan Mubi zai fahimta kamar ɗan Kano.

Wasu na cewa katun na Turanci yana koya wa yaro harshen makaranta. Amma surutun da ba a fahimta ba, ba ya zama ilimi, kuma yaron da ya iya bin labari da harshen da ya sani ya fi saurin kama wani. Wasu na tsoron baƙin ɗabi'u, alhali wurin fassara ne ake samun damar tantance abin da ya dace. Damuwa mafi nauyi ita ce kada Hausa ta ƙara danne ƙananan harsuna. Wannan gaskiya ce, sai dai ɗakin naɗar muryar da ya yi Hausa zai iya yin Gude da Fali gobe. Ya kamata Jami'ar Jihar Adamawa da Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya, dukansu a Mubi, su horar da matasa wannan sana'a, a riƙa neman izinin masu finafinan, a yi wa yaranmu aiki mai inganci.