Tarwaɗa a Hamadar Fezzan: Rayuwarta da Yadda Ake Kiwonta

Gabatarwa

Duk wanda ya san garin Sabha, babban birnin yankin Fezzan a kudancin Libiya, ya san ƙasa ce ta rairayi da dabino, inda shekara kan wuce ba a yi ruwan kirki ba. Amma a zamanin dā mutanen wannan yanki masunta ne, kuma tarwaɗa na cikin abincinsu. Wannan maƙala za ta bayyana abin da ya sa tarwaɗa ta fi yawancin kifaye jure fari, da kuma darasin da mai kiwonta zai ɗauka daga nan.

Siffarta

Masana na kiran tarwaɗa Clarias gariepinus, sunan da ya samo asali daga William Burchell a 1822. Kanta faffaɗa ne, jikinta dogo, fatarta sulɓi gare ta. Tana da gashin baki guda 8 waɗanda take laluben abinci da su cikin duhu, da ƙaya mai kaifi a fikafikan gefen wuyanta. Babba takan wuce mita 1. Ba ta zaɓen abinci: ƙwari, kwaɗi, tsiro, mushe, har ƙananan 'yan uwanta. Da damina takan bi ambaliya zuwa fadama ta zuba ƙwai a jikin ciyawa, ta tafi abinta.

Abin da ya bambanta ta shi ne wata gaɓa mai kama da reshen itace a cikin kanta. Da ita take shaƙar iska kai tsaye. Saboda haka ko ruwa ya ƙafe ya zama taɓo, tana nan da ranta, har takan ja ciki da dare ta nemi wani kududdufi.

Shaidar Takarkori

A kudu maso yammacin Sabha, cikin duwatsun Akakus kusa da iyakar Aljeriya, akwai wani kogo mai suna Takarkori. A 2020 Wim Van Neer na Beljiyam da Savino di Lernia na Italiya, tare da abokan aikinsu, suka bayyana sakamakon nazarin ragowar dabbobi fiye da 17,000 da aka tono a can. Kusan kashi 80 cikin 100 na kifi ne, wato tarwaɗa da karfasa. Mutane sun zauna a kogon daga kimanin shekara 10,200 zuwa 4,650 da suka wuce, lokacin da Sahara ke da tafkuna da ciyayi.

Da farko kifi ya kai kashi 90 na ƙasusuwan, a ƙarshe ya sauko zuwa wajen kashi 40, domin ƙasar ta yi ta bushewa. Karfasa ce ta fi raguwa. Tarwaɗa ta daɗe, saboda ruwa mai zafi marar zurfi bai hana ta numfashi ba. Har yau akwai ragowarta a tafkunan duwatsun Tassili a Aljeriya da Ennedi a Cadi.

Kiwonta a Tankin Gilashi

Wannan hali nata shi ne jagoran mai kiwo. Na farko, kada a cika tanki har baki. A bar sarari tsakanin ruwa da murfi, domin idan aka hana tarwaɗa leƙowa ta shaƙi iska, za ta iya mutuwa cikin ruwan. Na biyu, murfin ya zama mai nauyi, don tana tsalle.

Na uku, a tuna da girmanta. Tsirit ɗin da aka saya kamar yatsa zai kai kilo 1 cikin 'yan watanni, sai a tanadi kwarmin siminti ko babban tanki tun da wuri. Kada a haɗa manya da ƙanana, ko da wani kifi da zai shiga bakinta. A sa mata bututu ko tukunya ta ɓuya, a rage haske, a ba ta abinci da yamma daidai cinta.

Na huɗu, tana son ruwa mai ɗumin digiri 25 zuwa 30. A wuri irin Sabha, inda daren hunturu ke da tsananin sanyi, sai da na'urar ɗumama ruwa. A riƙa sauya wani ɓangare na ruwan kowane mako, domin kashinta da ragowar abinci suna gurɓata shi, su jawo mata ciwon fata. Wajen kama ta kuma a kiyayi ƙayarta.

Kammalawa

Juriyar tarwaɗa ce ta sa ake kiwonta da yawa a Nijeriya. Sai dai wannan juriya kan ruɗi mai kiwo ya yi sakaci. Ya kamata a tuna cewa ko a Takarkori, da tafkunan suka ƙafe ƙurmus, tarwaɗar ma ta ƙare.