Usman Sembene: Ɗan Dakon Da Ya Koma Darakta

In ana hirar fim a ɗakunan kwananmu, ba ta wuce na Indiya da na Kano sai na Kudu. Amma akwai wani mutumin Senegal da ake wa laƙabi da uban sinimar Afirka, ga shi kuwa da yawanmu ko sunansa ba mu taɓa ji ba. Shi ne Usman Sembene.

An haife shi a garin Ziguinchor a 1923, mahaifinsa masunci ne. Tun yana yaro aka kore shi daga makarantar boko, sai ya shiga sana'ar hannu, ya yi birkila, ya yi kanikanci. A 1944 Faransa ta ɗauke shi soja. Bayan yaƙi ya tsallaka Marseille, ya zama ɗan dako a tashar jiragen ruwa. A can ya shiga ƙungiyar ƙwadago, ya duƙufa karatu da kansa, har ya fitar da littafinsa na farko a 1956. A 1960 ya rubuta wanda ya fi shahara, kan yajin aikin ma'aikatan jirgin ƙasa na Dakar zuwa Bamako na 1947.

To me ya kai marubuci ga kyamara? Da ya dawo gida bayan samun 'yancin kai, sai ya ga talakawan da yake rubutu a kansu ba su iya karatu ba, balle Faransanci. Littafi sai wanda ya je makaranta, fim kuwa kowa na gani ya gane. Shi ya sa yake kiran sinima makarantar dare. Yana dab da shekara 40 ya tafi Mosko ya koyi aikin. Kar ka manta, a zamanin mulkin mallaka akwai dokar Faransa ta 1934 da ta hana ɗaukar fim a ƙasashen da take mulka sai da izini.

A 1963 ya yi Borom Sarret, gajeren fim kan mai keken doki a Dakar. A 1966 ya fito da La Noire de, labarin wata budurwa da Turawa suka tafi da ita Faransa aikatau, wulaƙanci ya ishe ta har ta kashe kanta. Sai Mandabi a 1968, wanda ya yi da harshen Wolof. Wani dattijo ne aka aiko wa kuɗi daga Faris ta gidan waya. Aka ce sai katin shaida, katin sai takardar haihuwa, kowane ofis kuma sai an ci nasa. Duk wanda ya taɓa zaryar neman sa hannu ya san wannan zafin.

Sembene bai raga wa kowa ba. A Xala na 1975 ya yi wa sababbin masu mulki ba'a: wani Alhaji ɗan kasuwa ya yi mata ta uku, daren farko ya kasa. Gwamnati ta sa aka yanke wasu wurare. Ceddo na 1977 kuwa hana shi aka yi gaba ɗaya, wai don Shugaba Senghor ya ce "d" ɗaya ake rubuta sunan da ita. Camp de Thiaroye na 1988 ya tono yadda Faransa ta bindige sojojinta baƙar fata a 1944 don sun nemi haƙƙinsu, aka yi shekaru ba a nuna shi a Faransa ba.

Fim ɗinsa na ƙarshe, Moolaadé, kan kaciyar mata ne, ya kuma ci kyauta a bikin Cannes na 2004. Ya rasu a Dakar ranar 9 ga Yuni, 2007.

In za ka fara, fara da Mandabi. Za ka yi dariya, amma dariyar ba za ta kai ka ƙarshen fim ɗin ba.