Kuɗin Man Fetur da Manomin Ƙasar Wudil

An gano man fetur a Oloibiri cikin 1956, amma bai mallake tattalin arzikin Nijeriya ba sai bayan yaƙin Larabawa da Isra'ila na watan Oktoba 1973, sa'ad da kuɗin ganga ɗaya ya tashi daga wajen dalar Amurka 3 zuwa wajen 12 cikin 'yan watanni.

Abin lura shi ne hanyar da kuɗin nan ya biyo. A zamanin gyaɗa, arziki daga gona yake tashi. Manomin ƙasar Wudil shi ke nomawa, dillali ya saya, a jibge buhuna a Kano su zama dala, sa'an nan Hukumar Ciniki ta cire rabonta. Watau gwamnati ba ta ci sai manomi ya yi gumi, saboda haka dole ta san halin daminarsa. Shi kuwa kuɗin mai, baitulmali yake faɗawa a Ikko, ya gangaro ta hanyar albashi da kwangila. Wanda ba ya kan hanyar nan sai dai ya ji ƙamshi.

Alal misali, ƙarin albashin Udoji, wanda aka biya a farkon 1975 haɗe da bashin watannin baya, ya cika aljihun ma'aikata, amma kasuwa ba ta tambayar wane ne ma'aikaci kafin ta tsawwala. Manomi ya sayi tsada bai karɓi ƙari ba. Ga farin 1973 ya riga ya karya shi, cutar gyaɗa ta 1975 ta ƙarasa abin da ya rage, samari suka aje fartanya suka nufi birni leburanci.

Lalle an yi ayyuka. An kammala madatsar ruwa ta Tiga cikin 1974, aka buɗe ilmin firamare kyauta cikin 1976. Amma ko Tiga ɗin ta rage ambaliyar da masunta da masu noman fadama na kogin Wudil suke dogara da ita.

Cikin 1979 Gwamna Abubakar Rimi ya soke haraji da jangali a Jihar Kano. Talakawa sun yi murna, kuma da gaskiyarsu, gama an daɗe ana zaluntarsu da shi. Sai dai a ganina, abin da ya sauƙaƙa sokewar shi ne gwamnati ta daina bukatar kuɗin manomi da na makiyayi mai kawo shanu kara. Da kasuwar mai ta faɗi, Shugaba Shagari ya kawo matakan tsuke bakin aljihu cikin 1982, aka rushe hukumomin ciniki cikin 1986, alhali dalar gyaɗa ta riga ta ɓace daga Kano.