Mutum-Inji da Tambayar Asali: Bayani a kan Silimar Alita

Labarin ƙagen kimiyya ba baƙo ba ne a Zariya, gama a nan aka buga Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo a 1969. Saboda haka muka ga ya kyautu mu yi wa malamai bayanin wata silimar Amurka mai suna Alita: Battle Angel, wadda Robert Rodriguez ya shirya ta fito a 2019, daga littafin zane na Yukito Kishiro, mutumin Japan.

Da fari sai mu rarrabe mutum-inji da butum-butumi. Shi butum-butumi ƙirar ƙarfe ne ɗungum, amma mutum-inji ɗan Adam ne da aka musanya wa gaɓoɓi da na'ura. Haka Alita take: ƙwaƙwalwarta ta mutum ce, sauran jiki kuwa ƙira ne. An ɗora labarin a shekarar 2563. Likita Ido ya tsince ta a juji, ya haɗa mata jiki, ya raɗa mata sunan 'yarsa da ta rasu, ta farka ba ta san asalinta ba.

Jujin nan yana ƙarƙashin Zalem, birnin masu hali da ke rataye a sama. Talakawan ƙasa su ke yi masa bauta, ladansu kuwa shara. Har saurayinta Hugo yakan kwance gaɓoɓin mutane ya sayar, domin ya tara kuɗin hawa. Wanda ya san yadda Turawan mulki suka ware wa kansu unguwa a Zariya, suka ajiye ma'aikatan jirgin ƙasa da sauran baƙi a Sabon Gari, ba zai rasa gane wannan tsari ba.

To, ina mutumcin Alita yake? Bahaushe yana auna mutum da asali, yana kuma ajiye kirki a zuci. Ita kuwa asalinta ya ɓace mata, zuciyarta ma inji ce, duk da haka ta ciro ta ta miƙa wa Hugo ya sayar ya biya bukata. Watau silimar ta ɗora mutumci a kan hali.

Malamin da ke koyar da adabi a Samaru yana iya aza wa ɗalibansa wannan tambaya: in asali da hali suka rabu, wanne za a riƙa?