Kogin Telon: ruwa a hamadar sanyi ta arewacin Kanada

Idan aka ce hamada, yashi da zafi ne ke zuwa mana a rai. Amma a arewacin Kanada akwai wata irin hamada da ba ta da yashi, sai sanyi. Ana kiranta tundura, fili ne shimfiɗaɗɗe babu itatuwa, sai gajerun ciyayi da duwatsu. Ta tsakiyarta Kogin Telon yake ratsawa, tafiyar kusan kilomita 900, daga yankin Arewa maso Yamma zuwa gabas, ya bi ta tafkunan Beverly da Aberdeen da Schultz, ya zuba a Tafkin Baker da ke Nunavut. Daga nan ruwansa ya gangara zuwa tekun Hudson.

Abin mamakin shi ne, ruwan sama da dusar ƙanƙara da ke sauka a can ba su da yawa, amma ko'ina ka duba tafki ne da fadama. Dalili kuwa, ƙasan wurin a daskare yake shekara da shekaru. Da rani ya zo, saman ƙasa kaɗai ke narkewa, ruwa ba ya samun hanyar nutsewa, sai ya kwanta. Ga rana ba ta da ƙarfin busar da shi. Kogin kansa yana shafe fiye da rabin shekara a daskare.

A tsakiyar kwarinsa akwai kurmin itatuwa, nesa da inda itatuwa suka ƙare a sauran yankin, kamar dausayi a Sahara. A nan ne a 1927 gwamnati ta keɓe gandun namun daji don kare wata irin ɓauna mai dogon gashi da mafarauta suka kusa ƙararwa. A wannan shekarar ce kuma Baturen nan John Hornby da abokan tafiyarsa biyu suka mutu da yunwa a wata bukka a bakin kogin, domin garken barewar da suka dogara da shi ya riga ya wuce.

Wannan barewa, karibu, ita ce abincin mutanen Inuit na garin Baker Lake, kuma garkenta na ƙetare Telon a ƙaurarsa ta kowace shekara. Shi ya sa da kamfanin Areva na Faransa, wanda dai a lokacin ya daɗe yana haƙar yuraniyom a Arlit ta Nijar, ya nemi buɗe mahaƙar Kiggavik, kimanin kilomita 80 yamma da garin, mafarauta suka tayar da jijiyar wuya. A 2015 hukumar tantance muhalli ta Nunavut ta ba da shawarar kada a amince, tunda kamfanin bai iya faɗin ranar fara aiki ba. A 2016 gwamnatin Kanada ta bi shawarar. Yuraniyom ɗin dai yana nan kwance a ƙarƙashin ƙasar da ta daskare, kuma har yau babu titin mota da ya haɗa Baker Lake da kudancin ƙasar.